Kotu ta ce ƙarar kawuna ta mutu, wai babu sauran abin saurare

Ɗan Layin Yadi:
Salam jama'ar gidan nan. Dan Allah masu ilimin shari'a ku fahimtar da ni wani abu don wlh tun jiya raina a jagule yake. Kawuna yana da shago a kasuwar garinmu, ya fi shekara 20 yana sai da yadi a ciki, kwatsam ƙaramar hukuma ta zo ta shafa wa layinsu jan fenti wai za a rushe a gina filaza. Su 7 suka yi karo-karo suka ɗau lauya aka shigar da ƙara a babbar kotu ana roƙon a hana rusau. To ana cikin ɗage-ɗagen nan da kuka sani, yau alƙali ya tafi taro, gobe lauyan hukuma bai zo ba, jibi an shiga hutu, wata asuba kawai katafila ta zo ta kwashe layin tas. Shekara 4 kenan, filazar ma an gama an raba wa masu uwa a gindin murhu. Jiya aka koma kotu, kawu har da sa babbar rigarsa ta zuwa Juma'a, zaman ko minti 10 bai kai ba alƙali ya ce tunda abin da ake so a hana ya riga ya faru babu sauran abin da zai saurara, ya kori ƙarar. Bawan Allahn nan ya dawo gida ko tuwo bai taɓa ba, kuma har yau makullin shagon yana haɗe da makullan gidansa. Shin wannan doka ce ko dai an ci kuɗi ne?

Maman Biyu:
Allah sarki baba. Maganar makullin nan ta taɓa ni wlh. Allah ya musanya masa da mafi alheri

Sarkin Gardama:
Wane irin tambaya ne wannan kuma, a ƙasar nan kake tambayar ko an ci kuɗi? An ja ku ne har katafila ta gama aikinta sannan aka ce muku ihu bayan hari kuke

Barista:
Wa alaikumussalam. Sarkin Gardama a yi a hankali da zargin cin hanci ba hujja. Abin da alƙalin ya yi sananne ne a shari'a, ba a nan kaɗai ba. Ƙa'idar ita ce kotu ba ta zama kan abin da ko ta yanke hukunci ba zai amfani kowa ba. Ka zo ka ce a hana wane yanka sa, kafin a saurare ka an yanka an yi kilishi an cinye, to umarnin kada a yanka wa za a ba? Alƙalai suna cewa ba makaranta suka buɗe ba da za su zauna amsa tambayar da ba ta da rai.

Amma ɗan uwa ina da tambaya 2. Na farko, a takardar ƙarar me da me lauyanku ya roƙa, hana rusau kaɗai ko har da diyya? Na biyu, wace irin kora aka yi? Don kora iri biyu ce, a Turance kowacce da sunanta, mu ne a Hausa musamman 'yan rediyo suke haɗa su duka su ce kotu ta kori ƙara ko ta yi watsi da ita. Akwai wadda ake cire ƙarar daga jerin shari'un kotu ba tare da an taɓa gundarin maganar ba, wannan sau da yawa ana iya dawowa. Akwai kuma wadda aka kore ta gaba ɗaya, wannan sai dai ɗaukaka ƙara, ba ka sake kawo ta.

Ɗan Layin Yadi:
Barista na kira ɗan kawun yanzu, ya ce iya saninsa hana rusau ne kawai da kuma a tabbatar shagunan nasu ne. Maganar diyya lauyan ya ce a bari sai an ci wannan tukuna. Nau'in korar kuma wlh ba mu sani ba, da Turanci aka yi komai cikin sauri, lauyan ya fito ya ce mana sai haƙuri ya hau motarsa

Barista:
To ka ga inda gizo ke saƙa. Ranar da katafila ta shiga, a satin ya kamata a nemi izinin gyara takardar ƙara a ƙara neman diyya da kuma bayyana cewa rusau ɗin haramtacce ne. Da an yi haka ƙarar tana da rai ko da an gina bene hawa 10 a wurin, saboda kuɗi dai ana iya biya ko yaushe. Kotu ba ta ba ka abin da ba ka roƙa ba. Kuma ko maganar a tabbatar shagunan nasu ne da ka ambata, ina mamakin yadda ita ma ta bi ruwa, shi ya sa nake so in ga takardar da idona kafin in ɗora wa kowa laifi.

Sarkin Gardama:
Kun ji ko, an dawo da laifin kan talaka da lauyansa. Ita hukumar da ta yi rusau alhali magana tana gaban alƙali fa? Ita ba ta yi komai ba kenan

Barista:
A'a ban ce haka ba, a nan kam ina tare da kai ɗari bisa ɗari. Tun 1986 kotun ƙoli ta yi magana mai zafi kan wannan, a shari'ar gwamnatin soja ta Legas da Ojukwu. Rigima ce kan wani gida a Ikoyi, magana tana kotu gwamnati ta tura jami'an tsaro suka fitar da shi da ƙarfi, kotun ɗaukaka ƙara ta ce a mayar da shi, gwamnati ta ƙi bi ta garzaya kotun ƙoli. Kotun ƙoli ta ƙi biya mata buƙata, ta nuna ba ka raina umarnin kotu sannan ka zo neman alfarmarta. A lokacin soja fa. Saboda haka wanda ya yi gaban kansa don ya kashe ƙara, kotu tana da ikon ta taka masa burki. Sai dai sai an motsa ta, kuma sai an samu alƙali mai ƙashin baya.

Tsohon Magatakarda:
Ku bari dattijo ya sa baki. Na yi shekara 31 a rajistarar kotu kafin in yi ritaya, ni na san abin da ke cikin ɗakin fayil. Yaran nan kuna ganin kamar duk ƙarar da aka rufe zalunci ne, wallahi da yawansu gawa ce aka ƙi binnewa. Akwai fayil da na riƙa kira ana ɗagawa, ashe mai ƙara da wanda ake ƙara sun shirya tun tuni har sun haɗa 'ya'yansu aure, ba wanda ya zo ya faɗa wa kotu. Akwai na haya da ɗan hayar ya tashi ya bar garin ma. Akwai wanda duka ɓangarorin sun rasu magada ba su ma san da zancen ba. Fayil ya yi ƙura, gara ta ci gefensa, igiyar da aka ɗaure shi da ita ta tsinke mu sake ɗaurewa, amma duk ranar da aka sa shi a jeri sai ya ci wurin wani mai rai da ke tsare a gidan yari yana jiran a kira shi. Alƙali ɗaya da hannunsa yake rubuta duk abin da aka faɗa. In bai share matattun ba yaushe zai kai ga rayayyu? Don haka rufe ƙarar da ta mutu ba shi ne ciwon ba. A tambayi abin da ya kashe ta.

Maman Biyu:
Baba gaskiya ne wannan. Ƙanwata ta kai mijinta kotun Musulunci tana neman a raba auren, an yi zama 2 sai shi da kansa ya aiko mata da takardar saki gida don kar a ce kotu ce ta sa shi. Da aka koma alƙali ya ce to ai magana ta ƙare. Amma shi alƙalin Allah ya saka masa, sai da ya tambaye ta akwai sauran haƙƙi? ta ce kuɗin ciyar da yara da kayan ɗakinta, ya ce to wannan yana nan, ya ci gaba da shi. Da bai tambaya ba da shikenan ta tashi a tutar babu don ita ba ta san ana rarrabewa ba

Malam na Zaure:
Haka ne Hajiya. Ko a fiƙihu haƙƙin dukiya ba ya mutuwa don mai shi ya mutu, magada ne ke tsayawa a matsayinsa. Laifi ne da ake tuhumar mutum shi kansa yake faɗuwa da rasuwarsa, ya tafi gaban wanda ba a ɗage zama a kotunsa. Sai dai kuma malamanmu na Malikiyya sun yi maganar hauzi, mutum yana gari yana kallo wani bare yana riƙe da gonarsa yana gini yana rushewa shekara 10 bai ce uffan ba kuma ba abin da ya hana shi, to ba a sauraron da'awarsa bayan nan. Kenan lokaci yana cin haƙƙi in mai shi ya yi barci. Amma kawun wannan bawan Allah bai yi barci ba, shi ya je, kotun ce ta yi.

Sarkin Gardama:
Yauwa Malam, ka faɗi abin da nake ta son faɗa. Kuma manya sun gano wannan dabarar tuntuni, ba sai ka ci shari'a ba, ka dai ja ta har ta mutu da kanta. Ku tuna Filato. Mayun 2004 bayan rikicin Yelwan Shendam Obasanjo ya sa dokar ta-ɓaci ya dakatar da Dariye da majalisar jiha ya kawo Janar Chris Alli ya riƙe jihar wata 6. Aka tafi kotun ƙoli a tambaya shin shugaban ƙasa yana da ikon ya dakatar da zaɓaɓɓen gwamna? Ba a yanke ba sai 2006, Dariye ya daɗe da komawa kujerarsa, aka kori ƙarar ba a amsa ainihin tambayar ba. Me ya biyo baya? A 2006 ɗin aka sake yi a Ekiti. Shekara 21 bayan na Filato, Maris 2025 Tinubu ya yi wa Fubara irinta a Ribas, gwamnonin PDP suka ruga kotun ƙoli, wata 6 suka cika cif a Satumba mutumin ya koma ofis tun kafin hukunci ya fito. Abin da wa'adinsa wata 6 ne ta yaya za a taɓa kama shi da rai a kotun da ke shekara kafin ta juyo?

Barista:
Wannan hujjar taka mai ƙarfi ce, ba zan yi maka gardama ba. Ƙaramin gyara dai, a shari'ar Filato ba maganar lokaci ya wuce kaɗai aka yi ba, har da cewa waɗanda suka shigar da ƙarar da sunan jihar ba su da izinin wanda ke riƙe da jihar a lokacin, wato shi kantoman da ake ƙorafi a kan naɗa shi. Ka ji wani ikon Allah. Har yau in lauya yana so ya ce ƙara ta zama aikin banza, wannan shari'ar yake jawowa, bayanin marigayi mai shari'a Niki Tobi.

A Amurka sun yi wa matsalar da ka kawo ƙofa. Sun ce in abu ne da zai iya maimaituwa amma kullum yana ƙarewa kafin shari'a ta kai gare shi, kotu za ta saurara ko da na gabanta ya wuce. Misalin da aka fi sani shari'ar zubar da ciki ta 1973, ciki wata 9 ne, kafin a kai kotun ƙoli matar ta daɗe da haihuwa, suka ce duk da haka za su yanke. Amma su ma ba waliyyai ba ne, ƙararrakin da aka kai Trump kan cewa yana cin ribar kasuwancinsa daga gwamnatocin waje yana kan mulki, an ja su har ya sauka, Janairun 2021 kotun ƙolinsu ta ce a rufe tunda ba shi ne shugaba ba.

Ɗalibi a Indiya:
Hhh ku zo nan ku ga uwar jinkiri. Ƙasar nan shari'un da ke jibge a kotuna sun haura miliyan 50. Ina nan ranar 30 ga Agusta 2022 kotun ƙolinsu ta rufe wasu manya guda 2 rana ɗaya. Ɗaya ta masallacin Babri ne da aka rushe 6 ga Disamba 1992, wani Musulmi ya kai ƙarar gwamnatin jihar Uttar Pradesh kan raina kotu don an yi alƙawarin kare masallacin ba a kare ba. Kusan shekara 30 ba a saurara ba, mai ƙarar ya rasu tun 2010, babban ministan jihar na lokacin ya mutu 2021, filin kuma an yanke hukuncinsa 2019 an ba masu gina wurin bautar Hindu. Sai alƙalan suka ce babu abin da ya saura. Ɗayar kuma tarin koke-koke ne kan kashe-kashen Gujarat na 2002, aka ce tunda 8 cikin manyan shari'u 9 an gama su a ƙasa, su ma lokaci ya wuce da su. Abokan karatuna Musulmi ranar ba wanda ya yi mamaki, wani ya ce min dama jira ake kowa ya mutu

Ɗan Layin Yadi:
Innalillahi. Shekara 30. To mu da muke kukan 4 ashe da sauƙi

Sarkin Gardama:
Ba wani sauƙi malam, ciwon wani ba ya warkar da naka

Tsohon Magatakarda:
To ai mu nan an gwada maganin jinkirin a shari'ar zaɓe, sai ya zo da nasa ciwon. Ku yara ba ku tuna ba, zaɓen 2003 na Buhari da Obasanjo sai Yulin 2005 kotun ƙoli ta gama. Peter Obi sai Maris 2006 ya karɓi kujerar gwamnan Anambra da aka zaɓe shi tun 2003, Ngige ya ci kusan shekara 3 a kai. Aregbesola na Osun zaɓen Afrilun 2007, bai shiga ofis ba sai Nuwamban 2010. In da ɗan majalisa ne ma wani sai wa'adin ya ƙare ana shari'a, a ce masa to ai majalisar da kake nema an rushe ta. Shi ya sa a gyaran tsarin mulki na 2010 aka sa wa'adi a sashe na 285, kwana 21 ka shigar, kwana 180 kotun zaɓe ta yanke, kwana 60 na ɗaukaka ƙara.

Barista:
Baba ka tuna min. Sai kuma aka koma kashe ƙara da agogo. A 2012 a shari'ar gwamnan Borno, ANPP da Goni, kotun ƙoli ta ce kwana 180 ɗin nan kamar dutse ne ba ya matsawa, ko da kotun sama ce ta ce a koma a sake shari'ar, in kwanakin sun cika shikenan. Haka ta faru da Steve Ugba da Suswam a Binuwai, an ce a koma a saurari ƙararsa, kafin a yi haka lokaci ya cika, har yau ba wanda ya auna hujjojinsa. Ni a ganina wannan ya fi na kawu ciwo, don shi takardarsa ba ta da aibu.

Amma don adalci, akwai rufewar da kowa ya san daidai ce. A 2023 jam'iyyu 5 suka kai ƙarar zaɓen Tinubu, AA da APP suka janye tun a watan Mayu, kotun su mai shari'a Haruna Tsammani ta sallame su aka rage cunkoso. APM ta kai har kotun ƙoli kan maganar takarar Shettima sau biyu, alhali kotun ta riga ta yanke wannan batun tun Mayu a ƙarar PDP, a Oktoba alƙalan suka nuna wa lauyan ɓata lokaci ne, ya janye aka kore ta. Wa aka zalunta a nan?

Maman Biyu:
Ni wadda ba zan manta ba ta yaran nan ce na zanga-zangar tsadar rayuwa ta Agustan 2024, yawancinsu 'yan Kano da Kaduna, da aka kai su kotu Abuja farkon Nuwamba wasu suna faɗuwa don yunwa, wai cin amanar ƙasa. Da duniya ta yi caa sai gwamnati ta janye, kotu ta kori ƙarar aka sako su. Mun yi murna wlh har kuka na yi, amma wata 3 da suka yi a tsare fa, wa ya biya? an rufe fayil kowa ya kama gabansa

Barista:
Hajiya wannan ikon antoni janar ne, sashe na 174 ya ba na tarayya, na 211 ya ba na jiha, yana iya tsayar da tuhumar laifi kowane lokaci kafin hukunci. Da ya janye alƙali ba shi da abin riƙewa. Neman diyyar tsarewa kuma ƙara ce daban ta take haƙƙin ɗan adam, sai wanda aka tsare ko wani a madadinsa ya shigar, kuma ki duba su waye iyayen yaran nan, wa ke da kuɗin zirga-zirgar Abuja.

Sarkin Gardama:
Kullum dai a ƙarshe sai a ce talaka ya sake shigar da wata ƙarar. Da wane kuɗin? Mutum an rushe masa abin da yake ci da shi

Ɗan Layin Yadi:
Wlh tambayar da kawu ya yi min kenan da daddare. Cikin su 7 ɗin ma 1 ya rasu bara, 2 sun koma ƙauye noma, 1 yana tura baro da yadin a bakin filazar ana korarsa. Barista yanzu dai a taƙaice akwai abin yi ko mu ce masa ya bar wa Allah?

Barista:
Kar ka ce masa komai tukuna. Gobe ka je rajistarar kotun da lambar ƙarar ka nemi kwafin hukuncin mai hatimi da kwafin takardar da aka shigar tun farko, akwai ɗan kuɗin da ake biya, ka karɓi rasit. Ka haɗo takardar mallakar shagon da rasit ɗin kuɗin da yake biyan hukuma duk shekara, da hoton jan fentin da na rusau in akwai mai shi a waya. Kuma kar a yi sanya, don akwai dokar kare jami'an gwamnati da ta sa wata 3 kacal a kai su ƙara, duk da tana da togaciya a wasu abubuwa kamar rigimar ƙasa da yarjejeniya, ga kuma wa'adin ɗaukaka ƙara da ya fara tafiya tun jiya. Ba zan yi maka alƙawarin akwai nasara ba sai na karanta. In kuɗin lauya ne matsala akwai hukumar ba da tallafin shari'a ta tarayya, suna da ofis a jihohi, a gwada su.

Tsohon Magatakarda:
Yaro ka je da sassafe kafin 9, kuma ka tafi da biro da lambar a rubuce, kar ka tsaya cewa shari'ar 'yan kasuwa, ba wanda zai nemo maka fayil da wannan. In an ce ka dawo gobe ka tambayi sunan wanda ya ce, ka ga yadda fayil ke fitowa.

Ɗan Layin Yadi:
Na gode Baba, na gode Barista, Allah ya bar zumunci. Lambar tana jikin wata takarda da kawu ke ajiyewa a cikin jakar Alƙur'aninsa, bari in je in karɓo tun bai kwanta ba. Barista in na samu zan turo maka ta akwatin sirri

Barista:
Ba damuwa. Shafin ƙarshe na hukuncin za ka fara ɗauko min, layi 3 na ƙasa nake son gani.